Wata, Tauraro da Kogi: Yadda Ake Ƙidayar Lokaci a Fadamar Miga

Marubutan da ke ƙago duniyar almara sukan ƙaga mata kalanda. J.R.R. Tolkien na Ingila ya tsara wa mutanen ƙasar Shire ta littattafansa wata 12, kowanne kwana 30, ya ware kwana 5 da ba sa cikin kowane wata don shekara ta cika. Tsari ne tsaf, sai dai guda ɗaya ne tak ga kowa da kowa. Wanda ya zauna da manoman Miga, a bakin kogin Haɗeja cikin jihar Jigawa, zai ga mutum guda yana riƙe da ƙidaya huɗu a kansa, kowace da aikinta, ba ya kuma rikita su.

Ta farko ƙidayar wata ce, ta ibada. Da ita ake sanin azumi, da sallah ƙarama da babba, da Mauludi. Bahaushe ma ya raɗa wa watannin nasa sunayen: Muharram watan cika-ciki, Rajab watan azumin tsofaffi, Sha'aban sha-ruwan-tsofaffi. Amma shekarar wata kwana 354 ce, tana gaza ta rana da kusan kwana 11, shi ya sa azumi ke zagaya yanayi duka cikin shekara 33 ko kusa da haka. A 2010 an kama baki a Agusta, ana tsakiyar marka. A 2025 kuwa a Maris aka kama, ana shiga bazara. Manomin da ya jingina shukarsa ga wata zai kwana da yunwa.

Wannan giɓi ne ƙidaya ta biyu, ta taurari, ta cike. Malamai sun gaje ta daga Larabawa: masaukai 28, kowanne kwana 13, in ban da Jabha mai kwana 14, jimla 365. An kasa su huɗu, bakwai-bakwai, a kan yanayin shekara. Ilimin ya shiga waƙoƙin ajami don a ji sauƙin haddace shi, har wani manazarci mai suna Mervyn Hiskett ya yi nazari a kansa a 1967. Manomi ba ya buƙatar sanin sunayen duka. Abin da yake tambayar malam a zaure shi ne, "Allah gafarta malam, wane tauraro muke ciki, saura kwana nawa ya fita?" Daga amsar yake yanke ko ya yi binne ya jira ruwa, ko ya gaggauta maimai kafin ciyawa ta fi ƙarfinsa. Zira'a, Nasara, Ɗarfa da Jabha na cikin waɗanda aka fi ambata da damina. Fifikon wannan ƙidaya shi ne tana tafiya da rana, don haka ba ta zamewa daga damina. Rauninta kuma, tana faɗin lokacin da ya kamata ruwa ya zo ne kawai; farin 1973 da na 1984 ba su hana taurari fitowa a kan kari ba.

Ta uku ita ce ta boko, Janairu zuwa Disamba, wadda ke rataye a bangon sakatariya da makaranta. Albashi, jarrabawa, zaɓe da rabon taki duk a kanta suke. A kanta ne kuma hukumar kula da yanayi ta NiMet ke fitar da hasashen damina a farkon kowace shekara.

Ta huɗu ba a rubuce take ba, ita ce kuma ta fi iko da mutumin fadama: ƙidayar kogi. Ruwan da ke cika kogin Haɗeja yawancinsa daga yankin Kano yake gangarowa, saboda haka cikar kogi takan biyo bayan ruwan sama, wajen Agusta da Satumba. Shinkafar fadama tana bin tashin ruwa. In ya fara ja da baya, masunta su tare kifi a tafkunan da ya bari, manoma su bi laima da shuka, makiyaya kuma su sauko da shanu in rani ya tsananta. Wuri ɗaya, kowa da lokacinsa, kuma ruwan ne ke raba musu. Dattijo kan tsaya a gaɓa ya dubi inda ruwa ya kai a jikin wata itaciya da ya sani tun yana yaro, ya ce wa 'ya'yansa a kwashe dawa daga gonar ƙasa.

Wannan ƙidaya ce ta fi jirkicewa. Tun da aka gama madatsar Tiga a 1974 da ta Challawa a 1992, ruwan da ke isowa ya koma hannun masu buɗe ƙofa da rufewa. Ana sako shi da rani domin noman rani, abin da ya amfani masu alkama da shinkafa, amma rashin bushewar hanyoyin ruwa ya ba ciyawar kacalla damar toshe su. Ruwa ya daina bin inda aka san shi, alamun da dattijai suka dogara da su suka rage tasiri. Ambaliyar 2022, wadda ta ci gonaki da gidaje a Miga, Auyo da Kafin Hausa, ta nuna tsadar rashin sanin ranar zuwan ruwa. Ba a fafe gora ranar tafiya. Sanarwar sakin ruwa da ta isa ƙauye a kan lokaci yanzu ta zama ɓangare na kalandar manomi, kamar yadda tauraro yake.

Akwai darasi a nan ga marubucin Hausa mai son gina ƙasar almara. Kafin ya zauna ƙirƙirar sunayen watanni, ya fara tambayar kansa: me mutanen ƙasar ke tsoron ya wuce su, ibada ce, ko shuka, ko kasuwa? Wa ke da ikon cewa lokaci ya yi, liman, ko malamin taurari, ko mai riƙe da makullin madatsa? Labari yana fitowa ne a inda ƙidayoyin suka ci karo, kamar ranar da sallah ta faɗo daidai da zuwan ruwa, maigida ya rasa ko masallacin idi zai nufa ko gona.