Gwanintar Baza Ƙuri'a: Yadda NPN Ta Ci Zaɓen 1979

Malalacin ɗan siyasa kawunan da suka cika filin taro yake ƙirgawa, ya koma gida ya yi barci. Masu tsara yaƙin neman zaɓen jam'iyyar NPN a 1979 kuwa da taswirar jihohi 19 da tsarin mulki suka fara aiki. Doka ta ce rinjaye kaɗai bai isa ba, sai ɗan takara ya samu rubu'i, wato kashi 25 cikin ɗari na ƙuri'u, a kashi biyu bisa uku na jihohin.

Da farko suka raba muƙamai shiyya-shiyya. Takarar shugaban ƙasa ta Alhaji Shehu Shagari ce daga Arewa, mataimaki Alex Ekwueme daga Gabas, shugabancin jam'iyya na Adisa Akinloye daga Yamma. Daga nan suka kama ƙafa da ƙananan ƙabilun Binuwai da Ribas da Kuros Riba, waɗanda suka daɗe suna tsoron danniyar manya. Da yake ba a fafe gora ranar tafiya, zaɓuɓɓukan majalisu da na gwamnoni da aka jera a watan Yuli sun zame musu ma'auni: ina aka yi ƙarfi, ina ke buƙatar ɗauki.

Ran 11 ga Agusta Shagari ya samu ƙuri'a 5,688,857, Cif Obafemi Awolowo na UPN, mai alkawarin ilimi kyauta, ya samu 4,916,651. Tazarar ba ta kai dubu 800 ba, amma Awolowo a jihohi shida kawai ya kai rubu'i, Shagari kuwa a 12.

Saura Kano, gidan Malam Aminu Kano, inda Shagari ya tsaya a kashi 19.94. A nan lauya Richard Akinjide ya fito da alƙalami. Biyu bisa uku na 19, in ji shi, 12 ne da sulusi biyu, ba 13 ba. Ke nan a jiha ta 13 sulusi biyu na rubu'i ake nema, kimanin kashi 16.7, Shagari kuma ya haura shi. Awolowo ya kai ƙara har Kotun Ƙoli, ita kuma ta tabbatar da nasarar Shagari ran 26 ga Satumba, ko da yake Mai Shari'a Kayode Eso ya saɓa.

Har yau ana jayayya kan wannan lissafi. Abin da ba a jayayya a kansa shi ne, ƙuri'un da NPN ta tsinto a jihar da ta sha kaye su suka kai Shagari rantsuwar 1 ga Oktoba.