Shiru A Matsayin Jigo A Littafin Vercors

A wannan takarda mun ɗauki Le Silence de la mer, wanda Jean Bruller ya wallafa a ɓoye da sunan Vercors cikin 1942, sa'ad da Faransa take ƙarƙashin mamayar sojan Jamus. An sauke wani hafsan Jamus a gidan wani dattijo da 'yar ɗan'uwansa. Suka ba shi ɗaki don tilas, amma suka ƙi ce masa uffan. Wasu manazarta sun zargi marubucin da kyautata halin hafsan fiye da kima. Mu kuwa a nan muke ganin ƙarfin littafin, domin da baƙon mugu ne, da shirun bai zame wa yarinyar azaba ba. Rauninsa, a ganinmu, shi ne yadda ya tsare mu a ɗaki guda, ba mu ga yunwar da ke waje ba.