Don Cherry: Koci Ne Ko Maroƙin Talabijin?

Wanda bai san Kanada ba, zai yi mamakin yadda wasan hoki na kan ƙanƙara ya kama zukatan mutanen ƙasar. Ran Asabar da dare, sai a taru a gaban talabijin, kuma shekara kusan 40 muryar da aka fi saurare a wannan dare ta Don Cherry ce. Na kalli tsofaffin shirye-shiryensa da dama a intanet, shi ne na ga ya kamata in ɗan yi tsokaci.

Cherry ya horar da ƙungiyar Boston Bruins daga 1974 zuwa 1979. Ya kai ta wasan ƙarshe na Kofin Stanley a 1977 da 1978, amma duk sau biyun Montreal ta kayar da shi. A 1979 kuwa, saura 'yan mintoci a tashi, suna gaba da ci ɗaya, aka kama su da 'yan wasa fiye da ƙa'ida a fili. Montreal ta rama, ta kuma cinye. Bayan shekara guda a Colorado, sai ya koma sharhi a gidan talabijin na CBC a 1980.

To, a ganina shirinsa, wato Coach's Corner, bai cika sharhin wasa ba. Mu ɗaliban adabi mun san siffar maroƙi: ado mai ɗaukar ido, ɗaga murya, yabon na gida da zambo ga bare. Duk Cherry ya haɗa su. Kwat ɗinsa mai zanen furanni kaɗai abin kallo ce. Yabonsa na yaron Kanada ne mai taurin kai, wanda ba ya gudun dambe a fili. Zambo kuwa rabon 'yan wasan Turai ne. Gaskiya ya san wasan, domin in ya ga dama yakan nuna kuskuren mai tsaron baya cikin 'yan kalmomi, kowa ya gane. Amma sau nawa yake ganin damar?

A 2004 ya yi ba'a cewa yawancin masu sa gilashin kare fuska 'yan Turai ne da masu jin Faransanci. CBC ba ta kore shi ba, sai ta riƙa jinkirta maganarsa da daƙiƙa 7. A shekarar nan kuma masu kallo suka zaɓe shi na 7 cikin manyan mutanen Kanada!

Saboda haka ban yarda da masu ɗora laifin a kansa shi kaɗai ba. Ranar 9 ga Nuwamba 2019 ya zargi baƙin da suka zo zama a ƙasar da ƙin maƙala jan furen tunawa da sojoji. Bayan kwana biyu Sportsnet, mai riƙe da shirin a lokacin, ta sallame shi. Alhali da irin wannan bakin nasa aka daɗe ana tara masu kallo. Ko abokin shirinsa, Ron MacLean, yana zaune a gefe bai tanka ba, sai washegari ya fito yana neman afuwa.