Kalmar "Yanar Gizo" da Kayan da Aka Ɗora Mata

Ɗalibin da ya ke koyon Hausa a ƙasar waje ba ya daɗewa yana karanta jarida ko sauraron rediyo sai ya ci karo da kalmar nan "yanar gizo". In ya tambayi Bahaushe ma'anarta, galibi amsa ɗaya zai samu, watau intanet. Amsar ba ƙarya ba ce, amma fa ba ta cika ba. An ɗora wa wannan 'yar kalma kaya har iri huɗu. Ɗaya nata ne na halak, sauran kuwa sun fi ƙarfinta. Wanda bai san inda kowane kaya ya tsaya ba, wata rana zai fassara labari ya ce an tashi kasuwa, alhali kuwa rumfa ɗaya ce aka rufe.

Kafin a shiga zancen na'ura, ya kamata a dubi kalmomin su kansu. "Yana" suna ne na mace, shi ya sa ta ke ɗaukar "r" in za a jingina ta ga wata kalma. Kada ɗalibi ya rikita ta da "yana" ta cikin "yana zuwa". A rubutun boko kamarsu ɗaya, amma a baki a kan ja wasalin farko na sunan, na ɗayar kuwa gajere ne. Har wa yau, "r" ɗin nan ta kan narke cikin harafin da ke biye da ita, sai a ji an ce "yanag gizo", balle a bakin Sakkwatawa da Katsinawa. Yana ita ce abin nan marar kauri da ya kan kwanta bisa kunu ko madara in sun huce. Farin abin da ya kan rufe idon tsoho har ya hana shi gani, shi ma yanar ido a ke ce masa.

Ƙwaron da ya ke saƙa a kusurwar ɗaki sunansa gizo-gizo, waɗansu su ce tautau. Gizo shi kaɗai kuwa, ɗan Hausa na jin sunan sai ya tuna da sarkin wayo na tatsuniya, mijin Ƙoƙi, mai tsamin baki, wanda ya fi son cin zamba bisa cin guminsa. Kuma in abu ya riƙa bayyana ga idon mutum alhali babu shi, a kan ce yana yi masa gizo. Duk waɗannan suna nan kwance cikin kunnen Bahaushe sa'ad da ya ji an ce "yanar gizo".

To, mene ne aka fassara da ita? Abubuwa biyu ne a nan, kuma akwai shekara ashirin tsakanin haihuwarsu. Na fari ya soma a Amurka. Ran 29 ga Oktoba, 1969, aka aika da saƙo daga wata kwamfuta a Jami'ar Kalifoniya ta Los Anjalis zuwa wata a cibiyar bincike ta Stanford, bisa hanyar da a ke kira ARPANET. Kafin shekarar ta ƙare wurare huɗu ke nan aka haɗa. A 1971 Ray Tomlinson ya aika da wasiƙar imel daga wata kwamfuta zuwa wata. Vint Cerf da Bob Kahn suka tsara ƙa'idojin da za su sa hanyoyi dabam dabam su ji maganar juna, aka koma kansu ran 1 ga Janairu, 1983. Wannan haɗuwar hanyoyi, da wayoyinta na ƙarƙashin ƙasa da na ƙarƙashin teku, ita ce intanet.

Na biyu ya zo daga baya. A watan Maris, 1989, wani Baturen Ingila, Tim Berners-Lee, yana aiki a cibiyar binciken kimiyya ta CERN kusa da birnin Jeniba, ya ba da shawarar a shirya takardu yadda kowace za ta sami adireshinta, kuma mai karatu ya iya taɓa kalma a wannan takarda ta kai shi waccan, ko da tana wata ƙasa. Ya sa wa abin suna World Wide Web. A 1991 aka buɗe shi ga jama'ar waje, ran 30 ga Afrilu, 1993, kuma CERN ta sallama shi kyauta ga kowa. Haruffan nan uku, www, da a ke gani a goshin adireshi, sunansa ne aka taƙaita. Wannan shi ne abin da "yanar gizo" ta fassara tun asali.

In a na son misali, sai a dubi reluwe. Intanet ita ce layin dogo. Yanar gizo jirgin fasinja ce mai tafiya bisa layin. Imel jirgin wasiƙu ne, kuma ya riga na fasinja soma tafiya. Kiran da a ke yi ta WhatsApp wani jirgi ne dabam. In jirgin fasinja ya lalace, sauran suna wucewa. In ambaliya ta cinye dogo, kowa ya tsaya.

A matsayin fassarar wancan abu na biyu, kalmar ta yi kyau ƙwarai. Ba Hausawa kaɗai suka bi ta wannan hanya ba. Larabawa sun jingina sunan ga ankabutu, watau gizo-gizo. Faransawa su kan ce "la Toile", kalmar da su ke kiran ƙyalle da saƙar gizo-gizo da ita. Ita kanta "web" ta Ingilishi 'yar'uwar kalmarsu ce ta saƙa. In da abin da za a ce, shi ne "saƙar gizo" ta fi kusa da manufar, domin saƙa tana nuna zare ya kama zare, yana kuwa rufi ta fi nunawa. Amma wannan ƙaramin aibi ne. Kalmar ta yi daɗin faɗi, ta shiga bakin yara da manya, har ma ta zo da gargaɗi a cikinta, tun da wurin da aka sa wa sunan Gizo ba a rasa 'yan damfara a ciki ba.

Aibin yana wajen yadda aka shimfiɗa ta. Ga jimloli huɗu irin waɗanda ɗalibi zai riƙa gamuwa da su:

1. Na karanta labarin a shafinsu na yanar gizo.
2. Yaya ya kira Inna daga Jidda ta yanar gizo.
3. An buga sunayen a yanar gizon hukumar.
4. Hoton ya bazu a yanar gizo tun kafin azahar.

Ta ɗaya daidai ta ke, ba ta da gyara. A ta biyu intanet a ke nufi, domin muryar Yaya ba ta bi ta kan wani shafi ba, dogo ta bi, ba jirgin fasinja ba. Daga nan ne kuma waɗansu marubuta su kan zarce su ce "yanar gizo ba ta da ƙarfi a ƙauye", suna gudun aron kalma, alhali mutanen ƙauyen da kansu "sabis" ko "netwok" su ke cewa, a Nijar kuwa "rezo".

Ta uku ita ce ta fi ban dariya ga mai lura da nahawu. Abin da a ke nufi wuri guda ne, mai adireshi guda, mallakar hukuma guda. Amma da aka maƙala "n" ga "gizo", sai jimlar ta zama kamar hukumar tana kiwon gizonta, shi ne ya yi mata yana. Ban da haka, an ɗauki sunan abin da ya game duniya an ba ɗaki ɗaya, kamar mutum ya kira shagonsa Kasuwar Kurmi. A ta huɗu kuwa Facebook da ire-irensa a ke nufi, waɗanda Hausa ta riga ta yi musu suna mai kyau, watau kafofin sada zumunta.

Ba abin mamaki ba ne da aka yi wannan cuɗanya. Turawan da suka ga imel shekaru kafin su ga shafi sun sami damar rarrabewa. Yawancin Hausawa kuwa gaba ɗaya abubuwan suka iso musu, da fari a shagunan kwamfuta na birane, sa'an nan cikin wayar hannu, wadda ta soma yaɗuwa a Nijeriya daga 2001. Baƙin da suka sauka rana ɗaya, cikin mota ɗaya, ba wuya a ɗauke su 'yan gida ɗaya. Amma kama da wane ba ta wane.

Mai karatu zai iya cewa, ina ruwan talaka da wannan rarrabewa, ai ko Turawan ma yanzu suna cuɗa sunayen biyu cikin hira. Gaskiya ne, kuma a hira babu laifi. Amma akwai ranar da bambancin ya ke zama labarin kansa. Daga Maris 2018 zuwa Yuli 2019 gwamnatin Chadi ta toshe kafofin sada zumunta, wata goma sha shida, sauran shafuka kuwa suna buɗuwa. A watan Yuni, 2019, aka katse intanet ta wayar hannu a Sudan fiye da wata guda. Daga Yuni 2021 zuwa Janairu 2022 gwamnatin Nijeriya ta dakatar da Twitter, wanda aka sake wa suna X a 2023, kafa ɗaya tak, ba a taɓa sauran ba. A watan Satumba, 2021, aka rufe layukan waya a Jihar Zamfara, ba kira, ba saƙo, ba intanet. Ran 14 ga Maris, 2024, kuma, manyan wayoyi huɗu na ƙarƙashin teku suka lalace daura da gaɓar Abijan, harkar intanet ta tawaya a Gana da Nijeriya da maƙwabtansu, ba da umurnin kowa ba.

Abubuwa biyar ke nan, babu biyu da su ke ɗaya. Mai fassarar da ba shi da komai a jakarsa sai "yanar gizo" zai rubuta musu kanu iri ɗaya: an toshe yanar gizo. To, a ɗauki Bazamfaren da ke zaune a Landan ko Makka, mahaifiyarsa tana Gusau. Abin da ya ke so ya sani shi ne, in ya buga waya za ta shiga ko ba za ta shiga ba, in ya aika da kuɗi za su isa ko ba za su isa ba. Labarin Twitter bai hana shi komai ba. Labarin Satumba ya yanke shi da gida ƙaf. Kanun da bai raba masa waɗannan biyu ba, bai gaya masa komai ba, sai dai ya tayar masa da hankali.

Wani kuma zai kawo hujja daga Hausar kanta, ya ce ai shimfiɗa tsohuwar kalma bisa sabon abu al'adar harshen ce. Jirgi da can na ruwa ne, yau ga shi a ƙasa da sama. Waya da can zaren ƙarfe ce, yau ga ta cikin aljihu babu ko zare. Wannan hujja mai ƙarfi ce, amma in an duba da kyau ita ce ke kayar da mai ita. Sa'ad da Hausawa suka shimfiɗa "jirgi", ba su bar shi tsirara ba. Sun ce jirgin ruwa, jirgin ƙasa, jirgin sama. Sun ce wayar tangarahu, wayar tarho, wayar hannu, gidan waya. Kowane sabon kaya an ɗaura masa alamarsa, har ba mai zuwa tashar jirgin ƙasa yana jiran na sama. Abin da ya sami "yanar gizo" shi ne an shimfiɗa ta, ba a ɗaura alamun ba. Ɗaliban da su ke karatun Suwahili tare da Hausa sun san yadda aka yi a can: "mtandao" dabam, "wavuti" dabam, "tovuti" dabam, watau hanya, da yanar, da wuri guda a cikinta.

Abin daɗi shi ne Hausa ba ta bukatar ƙirƙiro kome sabo, kayan aikin suna nan. "Intanet" ta zauna a baki kamar yadda "mota" da "rediyo" suka zauna, ba abin kunya ba ne a bar mata hanyar. "Yanar gizo" ta riƙe tarin shafukan nan masu kai mutum ga juna. Takarda guda "shafi" ce. Wurin hukuma ko na jarida a kan ce masa "shafin intanet", waɗansu masu rubutu kan kimiyya kuma su kan ce "gidan yanar sadarwa", wanda ya fi, domin gida yana da ɗakuna da yawa kamar yadda wurin ya ke da shafuka da yawa. Facebook da 'yan'uwansa kafofin sada zumunta ne. Ƙarfin da waya ta ke kamawa kuwa sabis ne.

Saboda haka aikin ɗalibi iri biyu ne. In yana karatu ko sauraro, sai ya buɗe kunne ya karɓi kalmar da duk ma'anoninta huɗu, kada ya gyara wa dattijo magana a zaure. Sai dai ya tambayi kansa, hanya a ke nufi, ko shafuka, ko wuri guda, ko dandalin hira? Aikatau da ke kusa ya kan ba da amsa: abin da aka katse ko ya ɗauke hanya ce, abin da aka buɗe aka karanta shafi ne, inda magana ta bazu a ke ta ce-ce-ku-ce dandali ne. In kuwa shi ne ya ɗauki alƙalami, balle in fassarar labari ce ko sanarwa wadda wani zai dogara da ita, to, sai ya kira kowane abu da sunansa. Ya bar wa Gizo yanarsa, kada ya ba shi dogo da tasha duka, gama an san halinsa in an ba shi ajiya.