Aljanin da Almakashi Ya Haifa

Wata ranar kasuwar Malanville ina cikin gabatar da shiri, wani mai sauraro ya bugo waya ya rantse ya ga bidiyo a WhatsApp: boka ya kife ƙwarya, ya buɗe, sai ga damman sefa. Tambayarsa ita ce ko na san inda mutumin yake. Na yi dariya, amma ta koma mini ciki, don daga muryarsa na gane ya riga ya shirya tura kuɗinsa.

Dabarar da ta ruɗe shi ta girmi kakanninmu. A 1896 Georges Méliès, mai wasan rufa-ido a gidan wasan Robert-Houdin da ke Paris, ya yi ɗan gajeren fim marar magana. Ya lulluɓe mace da mayafi, ya yaye, babu ita. Can sai ga ƙwarangwal zaune a kujerarta. Babu wani asiri: a tsayar da kyamara, matar ta tashi, a ci gaba da ɗauka, a yanke a haɗa. A shekarar ya yi Le Manoir du diable, inda jemage ke rikiɗa ya zama shaiɗan, mutane na ɓullowa suna ɓacewa don a yi nishaɗi.

Wannan yankan ne muka taso muna gani a fina-finan barkwanci na Kano zamanin kaset, zamanin su marigayi Rabilu Musa Ɗan Ibro, wanda ya rasu a Disamban 2014. Masu sharhi kan raina aljanun wancan lokaci, wai aikin arha ne. Ban yarda ba. Aljani ya ɓace fat, a bar boka da zare ido yana neman ƙofa, yaro ma ya gane wasa ne. Wanda ya saba yi wa boka dariya kuwa, da wuya boka ya cuce shi.

Ƙorafina yana kan wasu daraktocin yanzu. Sun samu kwamfuta, sai wuta da hayaƙi da jajayen idanu da kiɗan tsoro. So suke a gaskata aljaninsu, kuma da wannan salon 'yan damfara ke haɗa nasu bidiyon.

Washegari na ɗauki wayata da ƙwarya, na ɓatar da goro uku gaban abokan aikina, na tura wa mai sauraron. Ya bugo yana dariya, ya ce in maido masa da goron.