3.2 Jigo da Salo a Ayyukan George Tsutakawa

A wannan sashe za a dubi yadda rayuwar George Tsutakawa ta yi tasiri a kan fasaharsa ta ƙera maɓuɓɓugar ruwa ta ado da tagulla, sannan a auna ƙarfin ayyukan nasa da rauninsu.

An haifi Tsutakawa a birnin Seattle na ƙasar Amurka a shekarar 1910, iyayensa kuwa Japanawa ne. Yana ɗan shekara 7 aka kai shi Japan, can ya tashi, sai da ya zama saurayi ya komo Seattle. Ya yi karatu a Jami'ar Washington, ya kuma koyar a cikinta daga 1947 zuwa 1976. Ya rasu a 1997.

Ta fuskar jigo, babban saƙonsa shi ne zaman jituwa tsakanin ɗan Adam da halittar da ke kewaye da shi. A wani littafi da William O. Douglas ya wallafa a 1952 ya ci karo da labarin "obos", wato duwatsun da matafiya ke ɗora wani kan wani a mashigin tsaunukan Himalaya. Daga nan ya samo zubinsa na jera siffa bisa siffa. Wannan zubi ya fito sarai a aikinsa na farko na wannan fanni, "Fountain of Wisdom", wanda aka kafa a ɗakin karatu na jama'a na Seattle a 1960.

Ta fuskar salo kuwa, bai bi hanyar narka tagulla a zuba a mazubi ba. Fallayen tagulla ake yankawa, a lanƙwasa, a haɗa da walda, injiniya Jack Uchida yana taimaka masa. Idan aka kwatanta da maɓuɓɓugar Trevi ta birnin Rum, inda gumaka suka fi ɗaukar ido, za a ga cewa a wurin Tsutakawa ruwan da kansa ɓangare ne na siffar. Lanƙwasar tagulla ita ke shimfiɗa shi kamar mayafi, ita ke kuma daidaita ƙararsa.

Sai dai a nan ne rauninsa yake. Duk ranar da aka kashe famfo, rabin aikin ya tafi, domin tagullar kaɗai ba ta isar da saƙon gaba ɗaya. Haka kuma, a cikin ayyuka fiye da 70 da ya kafa a Amurka da Kanada da Japan, ana yawan maimaita siffar ganye da ƙwarya da zobe.

Bisa ga wannan, nazarin nan na ganin cewa ba za a yi wa Tsutakawa adalci ba idan aka auna shi da hoton aikinsa kawai. Dole a yanke hukunci a gaban aikin, ruwa yana gudana.