ABARTA: Sharhi a Kan Sunan da Ya Kusa Ɓacewa

Gabatarwa

Mun saba a wannan mujalla tamu, in an ce sharhi, sai hankali ya tafi ga waƙa ko wasan kwaikwayo ko ƙagaggen labari. To, abin da na ɗora yau a kan gadon fiɗa bai kai baiti ba, bai ma kai ɗango ba. Kalma ce guda ɗaya tak mai gaɓa uku, watau sunan nan na mata, Abarta. Na san wani zai ce, yaushe suna ya zama adabi? Amsata ita ce, duk maganar da aka tsara ta da hikima, aka cusa mata ma'ana fiye da wadda ke bisa fuskarta, kuma ta ratsa zuciyar mai ji, to, ta cancanci a feɗe ta kamar yadda ake feɗe waƙa. Bahaushe da kansa ya ce suna linzami ne. Ke nan bai ɗauki suna abin wasa ba, mu ma bai kamata mu ɗauke shi haka ba.

Asalin Sunan

Kowa ya san Bahaushe Musulmi yakan tashi da suna biyu. Na farko shi ne sunan yanka, wanda ake raɗawa ran bakwai, a gaban malamai da dattawa, a yanka rago. Wannan aikin maza ne, kuma galibi daga Larabci ake ɗauko shi. Na biyu shi ne laƙabi, wanda ke fitowa daga cikin gida, daga bakin kaka ko goggo ko ungozoma. Shi ne kuwa ya fi bin mutum, musamman da yake alkunya takan hana uwa ambaton sunan ɗanta na fari, ko sunan da ya zo ɗaya da na suruki.

Laƙabi labari yake bayarwa. Wani yana faɗin ranar haihuwa, kamar Ladi da Talatu da Jummai da Asabe. Wani yana faɗin lokaci, kamar Azumi da Tasalla da Marka. Wani kuma yana faɗin matsayin yaro cikin 'yan'uwansa, kamar Kande wadda ta biyo maza, da Gambo mai bin tagwaye, da Auta. Akwai kuma wani rukuni da ba a faɗinsa da fara'a, watau sunayen 'ya'yan wabi. Mace mai wabi ita ce wadda take haihuwa 'ya'yan suna mutuwa tun suna ƙanana, ɗaya bayan ɗaya. Idan irin wannan mace ta sake sauka, sai tsofaffi su shiga dabara. A wasu wurare akan ɗauki jaririn a kai shi kan juji a ajiye kamar an yar, sa'an nan wata ta je ta tsinto shi. A wasu wuraren akan huda kunnen yaro ko da namiji ne. Daga nan sai a laƙaba masa suna irin su Ajuji, ko Ayashe, ko Bawa, ko Barmani, ko Abarshi in namiji ne, Abarta in mace ce. A cikin wannan gida na baƙin ciki aka haifi sunan da muke magana a kansa.

Ma'ana da Salo

In muka warware sunan sai mu ga cikakkiyar jimla ce: a bar ta. Akwai aikatau "bari", wanda ke komawa "bar" in abin da aka yi wa aikin ya biyo shi. Akwai "ta", wakilin sunan jaririyar. Sa'an nan akwai ɗan ƙaramin "a" na farko, kuma a ganina nan ne duk gwanintar take. Wannan "a" shi ne wanda muke amfani da shi in muna son a yi abu amma ba mu son mu nuna wanda zai yi, kamar mu ce "a kawo ruwa" ko "a yi haƙuri". To, wa ake ce wa ya bar ta? Sunan bai faɗa ba. Wannan shirun da ya yi shi ya ba shi fuska uku.

Fuska ta farko roƙo ce. Uwar da ta binne uku ko huɗu ta ɗaga kai tana cewa, wannan kam a bar mini ita. Ba ta yi doguwar addu'a ba, ba ta yi alkawarin kome ba. Wanda ya sha kuka ya san akwai inda magana ke ƙarewa, abin da ya rage sai kalma biyu ko uku.

Fuska ta biyu yaudara ce. A Hausa "bari" yana nufin ƙyalewa don tausayi, yana kuma nufin watsarwa don rashin kula. In an ce "a bar ta can", ai an nuna ba ta da wani amfani ke nan. Mutanen da suka yi imani cewa akwai wani abu da ke bin 'ya'yan matar nan yana ɗaukewa, ko iska ko maye, sun lura cewa ɓarawo abin da ake ji da shi yake ɗauka. Saboda haka sai su nuna kamar ba su damu da yarinyar ba, ko mai ɗauka ya raina ta ya wuce. Dubi abin mamaki: an ɓoye matsananciyar ƙauna a cikin rigar ƙiyayya.

Fuska ta uku gargaɗi ce ga mutane. Mai kambun baka, da mai yawan yaba kyan jariri, da mai saurin hannu wajen dukan yara, duk an ce musu a bar ta. Duk wanda ya kira sunan, ko yana so ko ba ya so, ya maimaita wannan kashedi da bakinsa.

A nan ne Abarta ta fi 'yan'uwanta. Ajuji da Ayashe fuska ɗaya gare su, ta yaudara, kuma yarinya za ta girma tana amsa sunan da ke cewa a juji aka same ta, ko a yashe ta. Barmani, wanda marigayiya mawaƙiyar amada Barmani Coge ta Funtuwa, wadda ta rasu a 2013, ta sa ya zaga ƙasar Hausa, shi ma fuska ɗaya gare shi, ta roƙo, domin "bar mani" ya fito fili ya nuna mai roƙon da kuma cewa da wani take magana kai tsaye. Abarta kuwa ta haɗa duka ba tare da ta tona kanta ba. Ko ta wajen sauti ma, wasali ɗaya ne ya ratsa gaɓoɓin uku, watau "a", sai baƙin "r" da ya tsaya a tsakiya kamar ɗan shaƙewar murya. Suna ne mai sauƙin kira daga nesa, mai daɗi a bakin tsohuwa.

Maƙwabtanmu

Wannan dabara ba ta Hausawa kaɗai ba ce. Yarabawa suna da abin da suke kira abiku, suna sa musu sunaye kamar Malomo, watau kada ka sake tafiya, da Kokumo, watau wannan ba zai mutu ba kuma. Wole Soyinka da J. P. Clark kowannensu ya rubuta waƙa mai suna "Abiku". A littafin Chinua Achebe na 1958, Things Fall Apart, Ekwefi ta haifi 'ya'ya goma, tara suka mutu, ta riƙa sa musu sunaye kamar Onwumbiko, mai roƙon mutuwa ta yi haƙuri, da Ozoemena, mai fatan kada abin ya sake faruwa. Abin lura shi ne, sunan Bayarabe da yaron yake magana, na Ibo ya ambaci mutuwa da sunanta, amma Bahaushe ya kauce, bai kira kowa ba. Wannan kawaici ne irin namu, wanda ya hana mu faɗin sunan abin da muke tsoro.

Tambayar da ta dame ni ita ce, ina namu marubutan? Maƙwabta sun mai da wannan baƙin ciki adabi har duniya ta karanta. Mu ma an taɓa nuna mana hanya. A Jiki Magayi na John Tafida da R. M. East, wanda ya fito cikin shekarun 1930, ɗan da attajiri Malam Shehu ya daɗe yana nema Kyauta ake kiransa, sai ga kyautar ta zame masa abin kuka. Sunan ya yi aiki a cikin labarin. Amma yawancin littattafan soyayya da suka biyo baya sun fi son sunan da ke da ƙyalli a kunne, ko da bai ɗauki kome ba na daga halin tauraruwar ko tarihin gidansu. Marubucin da ya sa wa tauraruwarsa Abarta ya riga ya ba da rabin labarinta kafin ta buɗe baki.

Me Ya Sa Ya Yi Wuya?

Dalili na farko abin murna ne. An gane da yawa daga cikin abubuwan da ake ce wa wabi. Agana, wadda ta daɗe tana share yara, an bayyana kawar da ita daga duniya a 1980. Ƙyanda tana da rigakafi. An kuma gane cewa idan uwa da uba duka suna ɗauke da ƙwayar amosanin jini, watau sikila, to, kowane ciki yana da kashi ɗaya cikin huɗu na zuwa da cutar, kuma wannan kaɗai ya isa ya sa gida ɗaya ya yi ta binne 'ya'ya. Amma fa kada mu yi saurin guɗa. Binciken lafiya na ƙasa da aka yi a Nijeriya a 2018 ya nuna cewa cikin kowane yara 1,000 da aka haifa da rai, 132 ba su kai shekara biyar ba, kuma abin ya fi tsanani a Arewa. Ke nan sunan ya riga matsalar ɓacewa.

Dalili na biyu shi ne ganin da ake yi wa sunan na camfi. Wannan suka tana da ƙafar tsayawa, domin kai jariri juji don a ruɗi iska ba koyarwar Musulunci ba ce, kuma ya tabbata Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yakan canza mummunan suna, kamar yadda ya mai da sunan wata da ke nufin mai saɓo ya koma Jamila. Da wannan ma'auni, ni ma ba zan tsaya wa Ajuji ba. Amma Abarta fa? Tun da ba ta ambaci wanda ake roƙo ba, Bamaguje ya faɗe ta da nufinsa, Musulma kuma ta faɗe ta tana nufin Mai rayawa da kashewa. Mu tuna kuma sunan A'isha, wanda ba gidan da babu shi, ma'anarsa a Larabci rayayya. Fatan ɗaya ne. Bambancin kawai, wancan ba mu jin ma'anarsa, wannan kuwa muna ji, shi ya sa yake ba mu kunya.

Dalili na uku shi ne wanda ba a cika lura da shi ba. Da makarantar boko ta zo da rajista, sai sunan uba ya zama abin gado. Ta haka laƙabin maza ya sami mafaka. Muna da Abubakar Tunau mai Wasan Marafa, da Malam Ibrahim Shekarau wanda ya yi gwamnan Kano daga 2003 zuwa 2011, ga kuma Abarshi da ya zauna daram a gidan sarautar Yawuri. Laƙabin mace kuwa ba wanda ke gadonsa. Ran da aka kai ta makwanci, ran nan ake binne shi tare da ita. Ga Abarshi da Abarta, tushe ɗaya, ma'ana ɗaya, ɗaya yana kan takardun ofis, ɗaya ta rage a bakin tsofaffi.

Aibin Sunan

Sharhi ba ya cika sai an faɗi aibi. Babban aibin Abarta shi ne, labarin uwa ne aka ɗora wa 'ya. Duk inda ta shiga, sunanta ya riga ya sanar cewa akwai kaburbura a bayanta, alhali ba ta san waɗanda ke cikinsu ba. Wata za ta ɗauki wannan a matsayin gata, wata kuwa kaya ne. Saboda haka ba ina kira ba ne a koma ana raba sunan ga kowace jaririya. Suna ne da ake saye da hawaye, kuma ba na yi wa kowa fatan ya biya wannan kuɗi.

Kammalawa

Ina da wata goggo, yayar mahaifina, wadda duk garinmu ba wanda ya san ta da wani suna sai Abarta. Ita ce ta biyar a ɗakin kakata, kuma ita ce ta fara yin wayo. Ta haura shekara 80, ta ga jikokin jikoki. Ran da ta rasu, da aka zo yi mata addu'a aka tambayi sunanta na yanka, sai da aka shiga cikin gida aka tambayo wata tsohuwa, ta ce A'isha. Ashe malamai a zaure da mata a ɗaki abu ɗaya suka roƙa, kowa da harshensa.

Roƙona ga 'yan'uwa ɗalibai shi ne, in an tafi hutu, kowa ya zauna da kakarsa da takarda da alƙalami, ya tambayi laƙabin matan gidansu har iyakar inda za ta iya tunawa, da dalilin kowanne, ya kawo wa ƙungiya. Malamanmu kuma su taimaka a tace a adana. Tsofaffin nan su ne kaɗai littafin da sunayen ke ciki, kuma kullum shafi ɗaya yake fita. Allah ya jiƙan waɗanda suka riga mu, ya raya mana na baya.